Ragowar Fim ɗin Ƙasar Ƙanƙara Tana Fadamar Haɗeja da Nguru

A Titin Ibrahim Taiwo na Kano, daga wajen Kantin Kwari ka ratsa Fagge har ka doshi Sabon Gari, in an rufe shaguna ba a rufe kallo. Mai shayi yana da talabijin a gefen tebur, mai aski yana da tasa manne da bango, yaran shago kuwa kowa da wayarsa a hannu. Ƙwallo ce kan gaba, sai fassarar fina-finan Indiya, sai namu na Hausa masu dogon zango. Amma akwai wani kallo da ba a cika sa shi a lissafi ba, alhali shi ne yake zaunar da dattijo da yaro, malami da ɗan kasuwa a gaban allo ɗaya ba tare da wani ya kawar da kai don kunya ba. Fim ɗin namun daji ke nan. In zaki ya tasam ma barewa, hira takan tsaya cak. In kuwa aka hasko ƙasar ƙanƙara, fari fat iya ganinka, ga tsuntsaye tsaitsaye iska tana dukansu, ba abin da za ka ji sai "ikon Allah", "Allah buwayi gagara misali".

Ba na ganin aibin wannan kallo, hasali ma ina ganin yana cikin mafi amfanin abin da tauraron ɗan'adam da intanet suka kawo mana. Damuwata ita ce mun ɗauki waɗannan fina-finai a matsayin labarin wata duniya can da ba ruwanmu da ita. Ba haka ba ne. Wani babban ɓangare na labarin dabbobin ƙuryar arewacin duniya a ƙasarmu yake gudana duk shekara, tafiyar 'yan sa'o'i daga Fagge, kuma garin da ya fi kowane gari a Arewa yawan kyamara da masu riƙe ta bai ba wannan labari fim ɗin da ya cancanta ba.

Mai kallo a teburin mai shayi minti 50 yake gani, bai san abin da aka sha kafin a samo su ba. Ɗauki tsuntsun nan mai tafiya a miƙe, fengwin, musamman manyan da ake yi wa laƙabi da sarakai. A tsakiyar hunturun Antatika suke hayayyafa, lokacin da a wasu wuraren rana kan yi makonni ba ta leƙo ba, sanyi kuma ya kai awo 40 ƙasa da sifiri. Macen takan yi ƙwai ɗaya tak wajen watan Mayu ko Yuni, ta miƙa wa namijin, ta kama hanyar teku neman abinci. Shi kuma ya ɗora ƙwan a bisa ƙafafunsa, ya lulluɓe shi da fatar cikinsa, ya tsaya a haka kimanin wata 2. In aka haɗa da kwanakin tahowa da na neman abokiyar zama, yakan yi kusan wata 4 bai sa komai a bakinsa ba, har ya zubar da kusan rabin nauyinsa. Ƙwan in ya suɓuce ya daɗe kaɗan a kan ƙanƙara, shi ke nan, ya daskare. In guguwa ta taso sai su cure wuri guda, ɗaruruwa ko dubbai, kowa ya sunkuyar da kai, na gefe yana kutsawa ciki sannu-sannu, na tsakiya yana fitowa, ta yadda ba wanda zai dawwama a bakin iska.

Mai son ɗaukar wannan dole ya tare a can, domin da zarar hunturu ya kama, ba jirgin ruwa ba na sama sai bayan watanni. Fim ɗin March of the Penguins na Bafaranshe Luc Jacquet, wanda ya fito a 2005, mutum biyu ne suka riƙe kyamararsa, Laurent Chalet da Jérôme Maison, kuma sun shafe fiye da shekara a tashar binciken Faransa ta Dumont d'Urville. Fim ɗin ya ci kyautar Oscar a 2006, ya kuma tara sama da dala miliyan 120 a gidajen sinima. Da BBC ta zo yin shirinta na Dynasties wanda aka nuna a 2018, Lindsay McCrae da abokan aikinsa biyu wata 11 suka yi a tashar Jamusawa ta Neumayer. Yana can aka haifa masa ɗansa na fari. A irin wannan sanyi batir yakan mutu nan da nan, numfashin mutum ya daskare a kan madubin kyamara, yatsa in ya fita daga safa ya ƙi lanƙwasuwa. Kuma ba yau aka fara ba. Tun a 1910 Herbert Ponting ya bi ayarin Kyaftin Scott zuwa Antatika da kyamarar da ake juyawa da hannu, hotunan da ya ɗauko su ne suka zama fim ɗin The Great White Silence a 1924.

Jarumtar mutanen nan abin yabo ce, amma ba ita kaɗai ta haifi fina-finan ba. A bayan kowane mai ɗaukar hoto akwai tashar bincike da gwamnati ke ciyarwa, akwai masana da suka yi shekara da shekaru suna ƙirga tsuntsayen har suka san makon da ƙwai ke ƙyanƙyashewa, akwai ma'aikata irin sashen fina-finan halittu na BBC da ke Bristol tun 1957, akwai kuma mai saye da ya yarda ya zuba kuɗi ya jira shekara 3 ko 4 kafin ya ga komai. Fim ɗin dabbobi haƙuri ne da wani ya biya kuɗinsa. Dabba ba ta karɓar umarnin darakta, ba a ce mata a sake ɗauka.

To, inda haƙuri ya ƙare ko kuɗi suka gaza, nan algus yake shigowa, kuma ya kamata mai kallo na Kano ya san wannan. A 1958 kamfanin Disney ya fitar da White Wilderness, inda aka nuna wasu 'yan ƙananan dabbobi dangin ɓera, lemin, suna tururuwa suna faɗawa ruwa daga kan tsauni, wai teku ce, wai kuma ɗabi'arsu ce su hallaka kansu. Fim ɗin ya ci Oscar. Sai a 1982 gidan talabijin na Kanada ya bankaɗo cewa sayo dabbobin aka yi daga wani yanki aka kai su Alberta inda ba mazauninsu ba ne, ruwan kuma kogi ne ba teku ba, sannan tura su aka yi. Ƙaryar ta riga ta zaga duniya, har gobe akwai masu maimaita ta. BBC ma ba ta tsira ba. A shirin Frozen Planet na 2011, wanda David Attenborough ya yi wa sharhi, an nuna jariran farin beyar a cikin raminsu, aka jera hoton da na dajin ƙanƙara, ashe a gidan namun daji na ƙasar Holan aka ɗauke shi. BBC ta ce ta bayyana hakan a shafinta na intanet, ta kuma ce cusa kyamara a ramin uwa mai jego a daji zai iya jawo asarar rai. Uzurin yana da ƙarfi. Duk da haka ni dai ina tare da masu cewa a cikin shirin ya kamata a faɗa, domin wanda ya zauna kallon fim ɗin gaskiya amana ya bayar.

Akwai algus na biyu, wanda ya fi kusa da mu, shi ne na baki. Da March of the Penguins ya shiga Amurka, wasu suka mai da shi hujjar wa'azinsu kan zaman aure, har sai da shi Jacquet ya nuna bai yarda da wannan fassara ba. Gaskiyar magana, mafi yawan waɗannan tsuntsaye sukan sake abokin zama in shekara ta zagayo. A nan gida ma, ga guntayen bidiyo nan birjik a Facebook da TikTok da WhatsApp, an yanko daga fim ɗin wasu an ɗora murya da Hausa, kuma sau da yawa mai muryar abin da ya ga dama yake faɗi. Ya ga uwa ta bar ɗa ya ce butulci ne, ya ga namiji yana tsaron ƙwai ya shirya masa labarin soyayya. Yin tafakkuri a kan halittar Ubangiji ibada ce, ba mai musun wannan. Amma tafakkurin da aka gina a kan labarin ƙanzon kurege bai girmama halittar ba, bai kuma girmama mai sauraro ba. Abin da dabbar take yi a haƙiƙa ya ishi mai hankali mamaki.

Yanzu ga inda zancen ya iso ƙofar gidanmu. Duk fim ɗin Arktik yana da wani sashe da ba ya sauyawa. Bazararsu gajeriya ce, rana ba ta faɗuwa, ƙanƙara ta narke, sauro da ƙwari su cika fili, tsuntsaye miliyoyi su sauka su yi sheƙa a ƙasa, farar yanyawa tana zagayawa tana satar ƙwai. Bayan 'yan makonni sanyi ya fara dawowa, sai a nuno garken tsuntsaye sun tashi sama, mai sharhi ya ce sun yi kudu, kyamara kuma ta koma kan beyar. Kudun nan ina ne? Ga da yawa daga cikinsu, mu ne kudun. Gaɓar kogin Sanagal ce, da fadamar kogin Kwara a Mali, da Tafkin Cadi, da fadamar Haɗeja da Nguru.

Akwai wani tsuntsun bakin ruwa mai dogayen ƙafafu da Turawan Ingila ke kira raf, wanda yake hayayyafa daga arewacin Turai har can cikin Saberiya. A watan Mayu da Yuni namijin yakan fitar da wani tulin gashi a wuya da kai, wani baƙi, wani fari, wani ja, da wuya ka ga biyu iri ɗaya. Sai su taru a wani ɗan fili kowa ya kama gurbinsa, suna bubbuɗe gashin suna zabura suna kai wa juna hari kamar 'yan dambe a dandali, matan suna zagayawa suna zaɓe. Masu ɗaukar fim na Turai suna son wannan wasa ƙwarai, sun ɗauke shi ba adadi. Amma kwalliyar ta 'yan makonni ce. Kafin ya iso mana ya zubar da ita, ya koma ruwan ƙasa-ƙasa ba wani ado, yana tafe cikin garke a gonakin shinkafa bayan girbi yana tsintar hatsin da ya zube, ko yana caccakar taɓo a bakin tafki. Waɗanda suka taso daga gabashin Saberiya, tafiyarsu zuwa Afirka ta Yamma da komawa takan kai kilomita 30,000 a shekara. Sukan fara isowa wajen Satumba, su tashi wajen Maris ko Afrilu. Wato tsuntsun da ake kira na ƙasar sanyi ya fi daɗewa a wurinmu a kan wurin da aka haife shi. Manomin shinkafa a Kirikasamma, cikin fadamar Haɗeja, ya fi Baturen da ya yi masa fim yawan ganinsa.

Ba shi kaɗai ba ne. Akwai 'yan mitsi-mitsin tsuntsayen bakin ruwa da ba su wuce giram 30 ba, waɗanda a gaɓar tekun ƙanƙara ta Rasha aka ƙyanƙyashe su. Akwai agwagin daji iri-iri daga Turai da Rasha da kan rufe tafki in sun sauka. Akwai kuma wani ɗan tsuntsu mai farin gindin wutsiya da ake gani da rani a gonakin da aka girbe, yana tsalle daga kan hoge zuwa kan kututturen dawa. Nauyinsa kimanin giram 25 ne. Wani bincike da aka wallafa a 2012, bayan an ɗaura wa irinsa 'yar na'ura, ya nuna waɗanda ke Alaska sukan keta Asiya da ƙasar Larabawa su sauka gabashin Afirka, tafiyar kusan kilomita 14,500, wanda kuma ya taso daga tsibirin Baffin na Kanada ya tsallake tekun Atilantika ya sauka Afirka ta Yamma.

Abin da ya samu can yana taɓa nan, na nan ma yana taɓa can, kuma an gani a zahiri. A 1969 masu lura da tsuntsaye a Ingila suka wayi gari wani ɗan tsuntsu mai farin maƙogwaro da suka saba gani ko'ina, mafi yawansa bai dawo ba. Da aka bi sawu sai aka tarar farin da ya fara kama yankin Sahel ne ya cinye su, farin da ya kai mu ga yunwar 1973. A 2016 kuma masana suka nuna cewa wani tsuntsun bakin teku da ke hayayyafa a arewacin Saberiya, yake cin rani a gaɓar Muritaniya, jikinsa yana ƙanƙancewa. Ƙanƙara tana narkewa da wuri, ƙwarin da 'ya'yan ke ci suna fitowa kafin a ƙyanƙyashe su, sai su tashi da gajeren baki, in sun iso Afirka bakin ya kasa kaiwa ga abincin da ke binne cikin yashi. Yankin Arktik yana ɗumama kusan ninki 4 na sauran duniya tun daga 1979. Wasu masana na Faransa ma sun yi lissafi a 2017 cewa in ƙanƙarar Girinlan ta narke da sauri, ruwan da za ta zuba a teku zai iya raunana damunar Sahel. Mai kallon beyar yana neman tudun tsayawa a kan ƙanƙarar da ke tsagewa, ya sani maganar geronsa da dawarsa ma tana ciki.

Su kuma baƙin namu, me suke tararwa in sun iso? Nan ne Kano ta shigo labarin da ƙafafunta biyu. Kogin Kano da na Challawa su ne suke haɗuwa su zama kogin Haɗeja. Shi kuma ya gangara ya tarar da ruwan kogin Jama'are, su bazu cikin shimfiɗaɗɗiyar ƙasa mai tuddan yashi tsakanin Jigawa da Yobe, kafin ragowar ta bi Komadugu Yobe zuwa Tafkin Cadi. Wannan bazuwar ruwa ita ce fadamar, ita ce ke ciyar da masunta da manoman shinkafa da makiyaya, ita ce kuma masaukin tsuntsaye. A 1974 aka gama madatsar Tiga, a 1992 aka gama ta Challawa. Ba wanda zai raina amfaninsu. Ruwan famfon Kano daga nan yake, shinkafar Kura da tumatirin Kadawa ma haka. Sai dai kowane ɗigon da aka tare a sama, wani a ƙasa ya rasa shi. Ambaliyar damuna da kan shimfiɗu ta janye a kan lokaci ta ragu, aka koma sakin ruwa kaɗan-kaɗan duk shekara, wannan kuwa shi ne abin da ciyawar kacala take so. Ta toshe hanyoyin ruwa, wani gari ya bushe, wani ruwa ya kwanta a gonakinsa ya ƙi tafiya, ita kuma kacalar ta zama maɓoyar tsuntsayen jan-baki masu cinye amfanin gona. A shekarun 1990 masanin tattalin arziki Edward Barbier da abokan aikinsa sun auna abin da ruwa ke samarwa in an bar shi ya isa fadama, kifi da itace da kiwo da noma, suka kwatanta da abin da yake samarwa a aikin noman rani na kogin Kano, suka tarar na fadamar ya fi nesa ba kusa ba.

Duniya ta san darajar wurin nan. Tun 1987 aka kafa shirin kare fadamar. Yarima Philip na Ingila ya zo Dagona da ke cikinta a 1989 don ganin tsuntsayen. A shekarar 2000 tafkin Nguru da mashigin Marma suka zama wuri na farko a Najeriya da aka sa cikin jerin dausayoyin duniya na yarjejeniyar Ramsar, a 2008 aka ƙara da Baturiya da Dagona. A 2020 hukumar UNESCO ta amince da yankin Haɗeja da Nguru da Bade a matsayin keɓantaccen muhalli, a shekarar ce kuma gwamnatin tarayya ta sa dausayin Haɗeja da dajin Falgore cikin sababbin gandayen daji na ƙasa. Takardu dai sun cika. Amma tsaya a Titin Ibrahim Taiwo ka tambayi matasa goma wanne suka sani tsakanin fengwin da Baturiya, za ka ji amsa. Laifin ba nasu ba ne. Abin da aka nuna musu shi suka sani.

Me ya hana mu nuna musu? Ba rashin gwaninta ba ne. Daga fim ɗin Turmin Danya a 1990 zuwa yau, masana'antar fim ta Kano ta yaye masu ɗaukar hoto da masu tace shi da masu haɗa sauti da ba su ƙirguwa, kuma yawancin ofisoshinsu a titin gidan Zoo suke. Ina ganin dalilin farko na tarihi ne. Fim ɗin da ba na wasa ba ta hannun hukuma ya zo mana, a motar majigi, ana koya wa talaka tsabta da biyan haraji da noman zamani, irin su Baban Larai. Bayan mulkin kai ya koma tallan ayyukan gwamna. Shi ya sa har yanzu in aka ce fim ɗin gaskiya, ɗan fim yakan ji kamar kwangilar ma'aikata ake nufi, ba sana'ar da za a sa basira a ciki ba. Dalili na biyu na kasuwa ne. Furodusan da ya saba ɗaukar zango guda cikin 'yan kwanaki ya sake shi a YouTube kuɗi su fara shigowa, da wuya ka shawo kansa ya ajiye mutum a bakin tafki wata 4 yana jiran tsuntsu.

Makwabtanmu na Nijar sun nuna cewa fim ɗin gaskiya da Hausa yana da kasuwa har a ƙetare. Sani Magori ɗan Galmi ya yi fim a kan noman albasar garinsu da yadda aure ke rataye a kan farashinta, ya kuma yi Koukan Kourcia a kan 'yan ci-rani. Aicha Macky ta yi fim ɗin Zinder a 2021 a kan matasan unguwar Kara-Kara ta Damagaram, ya zaga bukukuwan fina-finai na duniya. Ba dabbobi suka ɗauka ba, amma sun zauna da mutanensu sun saurara, ba su rubuta musu abin da za su faɗa ba. Irin wannan zama shi ake bukata.

Na san abin da wani zai ce: ana fama da tsadar abinci da rashin tsaro, wa ke ta tsuntsu? Tambaya ce mai nauyi, ba kuma zan yi mata amsar raini ba. Amma fim a kan fadamar Haɗeja fim ne a kan abinci. Ruwan da ke kawo raf shi ke kawo tarwaɗa da ƙarfasa, shi ke jiƙa shinkafa, shi ke fitar da ciyawar da Bafulatani ke dogara da ita da rani. In ruwan ya ƙaranta, tsuntsu ya sauya masauki, masunci ya tattaro ya taho Kano tura baro, manomi da makiyayi su fara hararar juna a kan ɗan abin da ya rage. Tsuntsun zare ne kawai da mai fim zai kama ya bi, ya kai mai kallo ga mutanen.

Akwai kuma abin da ke salwanta muna ji muna gani. Dattawan Fagge za su gaya maka yadda ungulu kan cika Abbatuwa a da. Yau sai ka yi shekara ba ka ga ko ɗaya ba, kuma tun 2015 aka sa irin ungulun da muka saba da ita cikin jerin halittun da ke dab da ƙarewa, saboda guba da farautar sassan jikinta. Gauraka, mai kambi a ka, wanda ya cika tatsuniyoyinmu da kirarinmu, yanzu ya fi sauƙin gani a gidan mai hali a kan a daji. Raƙumin dawa na Afirka ta Yamma 49 kacal suka rage a duniya a 1996, duk a yankin Kure kusa da Yamai. Da aka tsaya masa ya haura 600, har a 2018 aka ɗebi 8 aka mayar Gadabeji a jihar Maraɗi. Wannan labari ne mai daɗin ji, na Sahel, na mutanen da ke jin Hausa da Zabarmanci, amma a wayoyin yaranmu ba ya nan. Abin da ba a ɗauka ba yau, jikokinmu sai dai su ji a baki.

Aikin kuwa bai kai wahalar Antatika ba ko kusa. Ba a bukatar jirgin da ke fasa ƙanƙara, ba wanda zai rabu da iyalinsa shekara guda. Kyamara mai dogon hange, da ƙafar ɗora ta, da makirfo mai kyau, da kwalekwale, da 'yar bukkar zana da za a ɓuya a ciki tun kafin asuba, sai na'urar ɗaukar hoto mai tashi sama in an samu, a yi amfani da ita daga nesa don kada a tarwatsa garke. Masana suna nan. Cibiyar binciken tsuntsaye ta APLORI tana Jos, garin da makarantar koyon fim ta ƙasa take, kuma ta yaye 'yan Arewa da dama. Gidauniyar kare muhalli ta Najeriya, NCF, ta daɗe tana aiki a fadamar. A Afirka ta Kudu akwai ƙungiyar NEWF da ke horar da 'yan Afirka ɗaukar fim ɗin halittu tare da National Geographic, ƙofarta kuma ba a rufe take ga Bahaushe ba.

Sannan muna da wani jari da Bature ba shi da shi. Maharbin da ke ɗaura kan burtu a goshi, ya durƙusa yana rarrafe yana kwaikwayon tafiyar tsuntsun har ya isa kusa da abin farauta, ya san iska, ya san inuwa, ya san lokacin motsi da na tsayawa. Wannan shi ne ilmin da mai ɗaukar fim ɗin dabbobi yake shekaru yana nema. Sarkin ruwa da masuntansa sun san tafkin da kowane irin tsuntsu ke kwana, da watan zuwansa, da sunan da suke kiransa da Hausa ko Badanci ko Barbarci. A sa su a gaban kyamara su yi bayani da bakinsu, a biya su haƙƙinsu, maharbin da ya zama jagoran masu fim kuma ya sami dalilin barin tsuntsun da rai. Sharhin ma a rubuta shi da Hausa tun daga tushe, kada a yi da Turanci a juyo. Sharaɗi ɗaya ne ba sassauci a cikinsa: kada a ɗaure tsuntsu, kada a jefa wa wata dabba wata don a samu hoto, in kuma a gidan Zoo na Audu Bako aka ɗauki wani sashe, a faɗa a cikin fim ɗin.

Ba sai an fara da babban fim ba. Zango shida na minti goma-goma ya isa gwaji, a bi garke ɗaya da ƙauye ɗaya daga saukar tsuntsaye har tashinsu. Masu kallo suna nan, kullum dare suna zaune a gaban fengwin da harshen da yawancinsu ba sa ji. Ina kira ga Arewa24 da ARTV da gidajen talabijin na Jigawa da Yobe su ware wa wannan aiki fili da kuɗi na kaka guda cur, su kuma yarda su jira. Ina kira ga attajiran kasuwannin Kwari da Singa masu ɗaukar nauyin gasar ƙwallo da fina-finai su gwada sa sunansu a kan irin wannan. Ku kuma matasa masu kyamara, a watan Janairun kowace shekara ake ƙidayar tsuntsayen ruwa a faɗin duniya, masu ƙidayar sukan shiga fadamar Haɗeja da Nguru. Ku neme su tun kaka, ku bi su da kyamarorinku kafin tsuntsayen su tashi a watan Maris.